Dutsen Gangar Zaitun

Ranar Babbar Sallar 2013, a gidan ɗalibai Hausawa a unguwar Madinat Nasr ta Alƙahira, na miƙe zan yi wa jama'a barka da Sallah. Ban kai ƙarshen gaisuwa ba wani ɗalibi ya ce, "Baba, ma'alish, ka yi haƙuri, yi da Larabci kawai. Hausar ruwa-biyu wuyar ji gare ta." Aka kwashe da dariya. Ni kuwa sai wani dutse ya faɗo mini a rai.

Mahaifina Bakatsine ne, hanyar Hajji ta ajiye shi a Alƙahira. Mahaifiyata Bamisiriya ce, 'yar garin Asyut. A unguwar Shubra na tashi, inda Baba ke dako a kantin wani Bagirke, Hawaga Yanni. A bayan kantin muke wasan ɓuya tsakanin buhunan wake da gwangwanayen cuku. A makarantar allo yara na kirana Takruri, wato baƙo baƙar fata, abokan Baba kuma ruwa-biyu. Ko'ina rabi nake.

Aikina kowace Asabar shi ne wanke farin dutsen da ake danne gangar zaitun da shi. Wata rana na kankare gishirin da ya daskare a kansa, sai ga hoton mutum a kishingiɗe, da mayafin Girkawa, kofi a hannu. Dila na zaune gefensa, irin wanda Misirawan dā ke zanawa a kaburbura. Hawaga Yanni ya sa tabarau, ya bi rubutun da yatsa. Dutsen kabari ne, in ji shi. Sunan mamacin na Girkawa, na uwarsa na Misirawa.

"To shi ɗan ina ne?" na tambaya.

"Ɗan uwarsa da ubansa," ya ce. "Duba, bai goge ko ɗaya ba."

Daga ranar aka daina danne zaitun da shi.

Shi ya sa ban zauna ba ran Sallar nan. Na ƙarasa gaisuwata da Hausa, da karkataccen harshena, har addu'a. Ɗalibin ma ya shafa.

Kantin ya zama shagon wayoyi, Girkawan unguwar sun watse, ban san inda dutsen ya shiga ba. Amma na gaya wa 'ya'yana abin da za su rubuta a kabarina: Haruna, ɗan Katsina, ɗan Asyut. Kada wanda ya rage mini ɗaya.