Kalmar da na hana Ladi

Da safen nan, ina ɗaga ƙofar shago a unguwar Hindawiyya ta Makka, saƙon 'yar Ladi ya shigo wayata. Ladi ta rasu.

Innalillahi wa inna ilaihi raji'un.

Ba ku san ta ba. Baturiyar Norway ce, 'yar fim. A talabijin ɗin ƙasarsu ta tsufa: ta fito budurwa, ta fito uwa, ta fito kaka. Matan wani ƙauye kusa da Damagaram ne suka raɗa mata Ladi, don ranar Lahadi motarsu ta iso ɗaukar wani fim.

A can muka haɗu. Ina saurayi da sabon digirina na harsuna, ina ganin duniya tawa ce. Ita ta fito a nas, ni aikina in koya mata Hausar da za ta yi gaban kyamara. In faɗa, ta maimaita, har ta zauna mata a baki.

Darakta ya taɓa daka mini tsawa don na tafi sallar la'asar. Ta cire hular nas, ta zauna a ƙasa, ta ce, "Sai Malam ya dawo."

Ita ta nemo mini gurbin ƙaro karatu a ƙasarsu. Ta ba ni kwat ɗin mahaifinta saboda sanyi. Ta sayi tukunya daban domin ni, wadda naman alade bai taɓa shiga ba.

Karatun yana akwati. Yau carbi da dadduma nake sayar wa alhazai, a shagon da ko sunana babu a takardarsa. Waɗanda muka yi aji ɗaya sun daina ɗaga wayata. Ita ce ba ta taɓa fasa kirana ranar sallah ba.

Bara ta zo Jidda. Makka ba ta shiguwa gare ta, sai na hau mota na same ta. Ta rame, na ɗauka tsufa ne. Muna shan shayi ta ce, "Malam, koya mini abin da kuke faɗa wa mutum idan zai mutu."

Raina ya ɓaci. Na ɗauka wani fim ne kuma, za a sa kalmar shahada a bakin 'yar wasa, darakta yana tsayarwa ana sakewa. Na ce, "Ladi, wannan ba ta fim ba ce."

Ta yi dariya. "Na daina fim, Malam. Faɗi in maimaita."

Na ce wata rana. Na duba agogo, na ce mota za ta bar ni.

Mota!

Ashe likita ya riga ya gaya mata.

Ɗazu na kira 'yarta, na ce don Allah, Ladi ta faɗi wani abu a ƙarshe? Ta ce e, ta yi ta nanata wasu kalmomi da wani yare. Hausa ce ko Larabci? Ba ta sani ba. Maimaita mini! Ba za ta iya ba. Sau uku ina tambayarta har ta fashe da kuka.

Da azahar na je Harami. Aka kira sallar gawa, na shiga sahu saboda mutanen da ban sani ba. Wadda na sani, na rasa abin da zan ce a kanta.

Malaman soshiyal midiya, na san hukuncin, na karanta shi tun ba a haife ku ba. Kada ku rubuto mini.

Ya Allah, Kai Ka ji abin da ta faɗa. In kalmar ce ta samo daga wani bakin da ya fi nawa alheri, Ka karɓa. In ba ta samu ba, ta tambaya, ya Rabbi. Ni na hana.

Wanda ya karanta, ya roƙa wa 'yarta dangana. Ni kuma ku roƙa mini gafara, don ban san da fuskar da zan roƙa ba.