Takalmin da Kogi Ya Dawo da Shi

Duk wanda ya ce muku babu sanyi a birnin Guangzhou na ƙasar Sin, bai taɓa kwana a gidanmu na Sanyuanli ba. Sanyin nan ba irin na Kano ba ne da ke tsayawa a fata. Jiƙaƙƙe ne, yana ratsa bango ya shigo, ya miƙe ƙafa a cikin ƙashinka kamar gidan ubansa. A cikin irin wannan sanyi Kaka ta sauka wajenmu, ina ɗan shekara goma sha ɗaya.

Kaka mahaifiyar Abba ce. Ya kawo ta ne a cire mata yanar ido. Sana'ar Abba ita ce sayen kaya a kasuwar Baima yana tura wa 'yan Kantin Kwari, kuma rabonsa da Kano tun ana goya ni. Kullum cewa yake in kasuwa ta lafa zai je. Ni dai tun da na yi wayo ban ga ta lafa ba.

Washegarin zuwanta Kaka ta kunna kaskon turaren wuta a tsakiyar falo. Ƙararrawar gobara ta kwarma ihun da na tabbata an ji shi a Fagge. Mai gadi ya hayo da gudu yana kaɗa hannu yana cewa, "Meyo, meyo," wato babu, ba a yi. Kaka ta gaishe shi a natse, ta tambaye shi iyali da gajiya. A ranar Abba ya sayo hita mai jan ƙarfe, Kaka ta raɗa mata suna garwashin Sin. A gaban garwashin Sin ɗin nan muke zama bayan sallar isha'i, ni da ƙanwata Hanifa, kowa ya naɗe da bargo kamar alala a ganye.

Wani abu da ya kamata ku sani shi ne Abba ɗan fari ne. Saboda haka Kaka ba ta faɗin sunansa, ba ta kallon idonsa, ba ta zama hira da shi. In tana son ya miƙo mata buta, ni za ta kalla ta ce, "Maigida, gaya wa uban naka." Ni kuwa maigidanta ne tun daga ranar suna, kuma kullum sai ta yi ƙorafin ban kawo cefane ba.

Ba ta buɗe tatsuniya yadda kowa ke buɗewa. Cewa take, "Ga ta nan ta sauko daga jirgi, ko biza ba ta da ita." Mu kuma mu ce, "Ta cire takalmi ta shigo." Tana da tatsuniyoyi da yawa, amma akwai ɗaya da take maimaitawa har na haddace inda za ta yi tari a ciki.

Wai akwai wani tsibiri a tsakiyar teku, da dutse a tsakiyarsa. Daga dutsen koguna uku suke gangarowa. A bakin Baƙin Ruwa ƙauyen marina yake, a bakin Jan Ruwa masu ginin tukwane, a bakin Babban Ruwa kuma ƙauyukan masunta ne a jere har bakin teku. Gadojinsu na kututturen giginya ne, ba a gilmayya a kansu sai an tsaya an gaisa. Ana nan sai aka shimfiɗa hanyar jirgin ƙasa a gefen Babban Ruwa, aka ɗora gadar ƙarfe, jirgi yana bin kogi har tashar jiragen ruwa.

Nan Kaka take yin kukan jirgi da bakinta, kuma ta iya, don mahaifinta ma'aikacin reluwe ne, a kusa da gadar Challawa ta tashi. Hanifa takan yi dariya har ta kife.

A ƙauyen farko, can gindin dutse, akwai wata tsohuwa mai ɗa ɗaya. Wata rana ya ce zai hau jirgi ya sayo mata allura ya dawo kafin tuwo ya huce. Tuwo ya huce, ya kwana, ya zama ɗumame, yaro bai dawo ba. Sai tsohuwa ta hau gadar ƙarfe ta leƙa ƙasa.

"Kogi, kogi, ina ɗana?"

Kaka takan kumbura murya, ta zama kogi, ta ce, "Iya, ni gangarawa kawai na sani. Ƙeyar mutane nake gani. Ban taɓa dawo da ko tsinke ba. Tambayi jirgi."

Jirgi kuma ya ce, "Ni ina dawowa, Iya. Ga atamfa ya aiko, ga faranti, ga fitila."

"Na gani," in ji tsohuwa. "Amma na yi wa atamfar sallama ba ta amsa ba."

Haka shekaru suka yi ta wucewa, ɗaki ya cika da kaya har tsohuwa ta koma kwana a tsakar gida. A ƙarshe sai ta ce da jirgi ya daina kawo kaya, ya kawo mata ɗan ɗanta. Jirgi ya kawo yaron, ta riƙe shi gam, ba ta ƙara bari ya leƙa kogi ba. "Nan ta tsaya," Kaka za ta ce, "kowa ya ja ƙafarsa kada garwashin Sin ya gasa shi."

Na daɗe ban lura ba cewa tana faɗin wannan tatsuniya ce kawai a ranakun da Abba ya dawo da wuri, yana zaune a kujerar bakin ƙofa yana latsa waya. Na kuma daɗe ban lura ba cewa in aka zo wajen atamfa, yatsansa yana daina motsi. Sai ranar da na ji shi yana gaya wa Umma a kicin, ƙasa-ƙasa, cewa, "Hajiya ta ce da Mubarak za ta koma. Ta ce ta rasa ɗaya, ba za ta rasa biyu ba. Ni kuma kin san ba zan iya ce mata a'a ba."

Ashe ni ne yaron cikin jirgi. Ina son Kaka, amma Kano a lokacin hoto ce a waya. A nan Umma take, da Hanifa, da makarantarmu, da abokina Xiao Jun wanda na koya wa zagi da Hausa na ce masa gaisuwa ce. Na fara yajin cin abinci a ranar, na janye shi da aka soya kaza.

Da aka buɗe mata ido, likita ya ce ta warke, abu na farko da Kaka ta nema shi ne kogin garin, wanda suke kira Kogin Lu'ulu'u. Saura kwanaki kaɗan ta tafi, an riga an fara yi mini ɗinki. Abba ya sauke mu da safe a wani benci kusa da wata gada, ya ce yana da lodi, zai dawo bayan azahar, kada mu yi nisa.

Kaka ta kalli ruwan ta ce, "Wannan ai ya haifi Challawa." Ta ce mu ɗan taka. Na ce kada mu ɓata. Ta ce, "Wa ya taɓa ɓata a bakin kogi? Mu tafi tare da ruwa. In za mu dawo, sai mu ba shi fuska, mu nufi inda yake fitowa."

Muka bi ruwa. Kainuwa tana ta wucewa tsibi-tsibi, kuma a kan wani tsibin akwai takalmin roba na yaro, shuɗi, ƙafa ɗaya, yana zaune kamar fasinja. Kaka ta ɗaga masa hannu ta ce, "Sauka lafiya. Kai ma allura za ka sayo?" Ya wuce mu, ya ɓace.

Da rana ta yi muka bar bakin ruwa muka shiga lunguna neman shagon taliya na Musulmi. Muka ci, Kaka ta yi sallah a bayan shagon, ta yi wa matar mai shagon doguwar hira ba wadda ke jin wata. Sannan muka ɓullo bakin kogi ta wani lungun daban. Gadojin garin nan duk kamarsu ɗaya in kana ɗan shekara goma sha ɗaya. Wayar da Abba ya ba ni kuwa ta mutu, kada a tambaye ni dalili. Kaka ta duba inda ruwa yake fitowa, muka ba shi fuska, muka kama tafiya.

Muka yi ta tafiya. Muka wuce gada, ba tamu ba ce. Muka wuce wata, ita ma ba tamu ba. Ina jin da mun ƙara kaɗan da mun shiga Hong Kong a ƙafa. Gwiwoyin Kaka suka fara ƙara, ta zauna a kan wani dakali tana haki.

"Ka gani ko, Maigida? Kai ba ka san garin ubanka ba, ba ka san na mutane ba. Gara ka zo inda in ka ɓata za a tambaye ka ɗan gidan wa."

Na san magana ta ƙare, har na fara tunanin wa zan bar wa kekena. Sai na ga Kaka ta miƙe tsaye, ta kama ƙarfen gefen ruwa, ta ƙanƙance sababbin idanunta.

"Maigida, zo. Wancan ba mutuminmu na safe ba ne?"

Shi ne. Takalmin shuɗi, a kan kainuwarsa, yana tahowa ta gabanmu. Shi da ya wuce mu tun safe ya nufi teku, ga shi yana komawa inda ya fito.

"Aikin idon nan bai yi ba," in ji Kaka.

Akwai wata tsohuwa a kusa tana motsa jiki tana bubbuga kafaɗunta. Na gaishe ta, na tambaye ta. Ta yi dariya har na ga haƙorinta na ƙarfe. Ta ce ai teku yana kusa, kullum sai ya turo ruwan ya hau sama, in an jima kuma ya sake shi ya sauka. Ta ce haka ta taso ta tarar. Wato tun da muka fito daga shagon taliya ruwa ya riga ya juya, mu kuma muna ta ƙara nisa da bencinmu da ƙarfinmu.

Na fassara wa Kaka. Ta ce, "Kullum?"

Na ce, "Ta ce kullum."

"Tambaye ta, ba ya mantuwa?"

Tsohuwar ta ce meyo. Wannan kam Kaka ba ta nemi tafinta ba.

Tsohuwar ta ara mini wayarta na kira Abba. Ya iso a tasi, hularsa a hannu, idonsa ja, ya buɗe baki zai fara da ni. Kaka ba ta juyo ba, tana kallon ruwa. Ta ce, "Maigida, gaya wa uban naka ya yi shiru. Ni na ja hanya." Muka tsaya mu uku a jere har takalmin ya shige ƙarƙashin gada.

A daren, a gaban garwashin Sin, ta ce, "Ga ta nan ta sauko daga jirgi." Muka amsa. Ta bi koguna uku, ta bi ƙauyuka, ta yi tarinta a inda ta saba, ta yi kukan jirgi. Tsohuwa ta hau gadar ƙarfe ta ce kogi, kogi, ina ɗana. Sai Kaka ta kumbura murya.

"Kogi ya ce, Iya, kullum da safe kike zuwa. Ki zo da yamma ki gani."

"Ba haka take ba," in ji Hanifa.

"Ke ce mai ita ko ni? Tsohuwa ta ce, to na ji, na bar yaro wajen uwarsa. Amma duk damina a turo mini mutum. Mutum na ce, mai amsa sallama. In na ƙara ganin faranti, a kogi zan jefa shi."

Ba ta ce nan ta tsaya ba. Ta bar maganar a rataye, tana kallon jan ƙarfen hita. Daga kujerar bakin ƙofa, Abba wanda bai taɓa sa baki a tatsuniya ba, ya ce a hankali, "Kogi ya ji, Hajiya."

Umma ta tashi ta shiga kicin, wai ta bar abu a wuta, alhali tun magariba ta gama girki.

Yanzu shekarata goma sha shida, na fi Abba tsawo da kusan bene ɗaya, ko da yake shi yana musu. Duk dogon hutu ina Kano. Na san hanyar Kwari, na san ɗan gidan wa nake, na kuma je na ga gadar Challawa, wadda a bakin Kaka ta fi haka girma sau goma. A da ina ɗaukar tatsuniyar nan a matsayin labarin yaron da aka kusa kwashewa. Yanzu na gane tun farko ba ni take nema ba. Mace ce da al'ada ta hana ta cewa ɗanta ya dawo gida, sai ta gina tsibiri sukutum, ta haƙa koguna uku, ta shimfiɗa hanyar jirgi, don kawai magana ɗaya ta isa kujerar bakin ƙofa. Har yau in motar makaranta ta hau gada, sai na leƙa in ga ina ruwa ya nufa.

Hutun farko bayan komawar Kaka Kano, Abba ya ce zai raka ni filin jirgi ne kawai. Sai na ga ya fito da akwati biyu. Da muka isa gida ya tsaya a soro ya yi sallama. Kaka tana kan tabarma tana gyaran zogale. Ta amsa sallamar har ƙarshenta, ta kama hannuna ta zaunar da ni, ba ta ɗaga kai ba.

"Maigida," ta ce, "wa ka tsinto a hanya? Gaya masa tuwonsa ya huce, amma ana ɗumamawa."