Saƙon da Yaya Sani ya ba ni zuwa Bakura

Shekara tara ke nan da muka binne yayana, Malam Sani malamin dabbobi, a Talata Mafara. Duk shekara idan watan ya zagayo nakan yi masa sadaka in ja bakina in yi shiru. Bana shirun ya gagare ni. Akwai wani laifi da ake jingina masa a Bakura wanda ba nasa ba ne, nawa ne, kuma yanzu ya fara cin 'yarsa.

Sunana Lawali, ni ke bi masa. Karatuna bai wuce firamare ba, sana'ata kabu-kabu. Ni nake ɗaukarsa a babur zuwa rugage da gidajen masu kiwo, daga Mafara zuwa Bakura, zuwa Maradun, a lokacin da mutum zai kama hanya bayan la'asar ba tare da ya tambayi ko lafiya ba. Ranar da aiki ya yi masa yawa, ni yake aika da magani.

Abin da Yaya ya fi tsana shi ne a kira magani da launinsa. Mutanenmu sukan ce a ba su ja-da-rawaya, ko farar hoda, ko mai hoton zakara. Shi kuwa sai ya ajiye jaka ya sa mutum ya faɗi sunan da ke jikin takarda, ko da sau biyar zai maimaita. Wata rana da damina ruwa ya tare mu a hanyar Maradun, muka raɓe gindin wata bishiya. Ya ga laimar kwaɗi ta fito a jikin wani ruɓaɓɓen icce, ya nuna mini da yatsa ya ce maganin tarin kajin da ke cikin jakarsa daga dangin wannan ya samo asali. Ya ce masu bincike sun gano wani sinadari mai kashe ƙwayoyin cuta a jikin wata irin laimar kwaɗi, suka ba shi suna fuluromutilin, daga sunan da ake kiran ita laimar. Rabin farko na sunan yana nufin gefe, domin ƙafar irin wannan laima ba a tsakiya take ba. Rabi na biyu yana nufin guntulalle, domin kamar an yanke mata wani sashe take. Daga wannan sinadari aka haɗa tiyamulin, wanda ake zuba wa kaji a ruwan sha.

Na ce masa wannan suna sai ya karya wa mutum harshe. Ya yi dariya ya ce, "Harshen da ka cinikin hwasinja tun sahe shi zai karye? Maimaita." Sannan ya daina dariya. Ya ce amfanin sanin sunan shi ne ka san da wa maganin ba ya shiri. Tiyamulin ba ya haɗuwa da wani maganin kashin jini da ake zubawa cikin wasu abincin kaji na buhu. Idan suka gamu a jikin kaza, ƙafafunta ke mutuwa. Dole a janye irin wannan abincin mako guda kafin a ba da maganin, a kuma ƙara mako bayan an gama.

Na ji wannan da kunnena. Ba zan ce ban sani ba.

Shekara biyu kafin rasuwarsa, kajin wata Hajiya Luba da ke Bakura suka kama tari. Sun haura ɗari biyu, kuma da su take riƙe gidanta. Yaya ya je ya duba su, ya karanta takardar buhun abincin da take ba su, ya ce zai aiko da magani. Washegari aka kira shi allurar shanu a Maradun, sai ya ba ni ƙunshin. Ya riƙe kan babur ɗina ya ce in gaya mata ta ajiye abincin buhu, ta koma dusa da dakakkiyar masara, kada ta taɓa maganin sai mako ya cika. Sau biyu ya faɗa.

Na isa, muka gaisa da Hajiya a zaure gaisuwa mai tsawo, aka kawo mini fura. Na faɗi saƙon kamar yadda aka ba ni. Sai ta nuna mini buhuna a jingine, waɗanda aka sauke mata da safiyar nan. Ta ce, "Lawali, kajin ga na mutuwa ɗai-ɗai, in jira mako? Kuma wanga abinci in yi mi da shi? Dole ne?" Babbar mace ce, sa'ar innarmu. Furarta tana hannuna. Na nemi sunan maganin da dalilin a kaina in yi mata bayani, komai ya watse. Na ji nauyin in ce mata dole ne. Sai na ce, "Ba komai, Hajiya, Allah zai kiyaye."

Bayan kwana uku kajin suka zube. Na gan su da idona, suna kwance a gefe, idonsu biyu, suna miƙa wuya ga ruwan da ba za su iya tashi su sha ba. Waɗanda aka samu yankawa aka yanka, saura aka zuba a rami. Kafin Talatar da ta biyo, duk 'yan kaji na kasuwar Mafara sun ji cewa maganin Malam Sani ya ƙare kajin Hajiya Luba.

A ranar na gaya masa gaskiya. Ya ce shi ya kamata ya je da ƙafarsa, don haka laifin nasa ne. Ya ce ni da aike nake ci da iyalina, idan aka ji na sauya saƙo babu mai ƙara ba ni ko allura in kai. Ya ce, "Ka rufe bakinka, ban yahe maka ba in ka buɗe." Ya je ya durƙusa gaban Hajiya ya ba ta haƙuri da sunansa. Masu kaji da yawa suka daina kiransa. Bai taɓa tayar mini da zancen ba har ciwon ajali ya kwantar da shi.

Nakan tambayi kaina me zai ce da ya ga yau. Masu kiwon kaji sun ninka na zamaninsa, domin gonakin nesa sun gagari mutane da yawa, kowa ya koma neman abin yi a cikin gida. Magani kuwa a ƙulle cikin leda ake sayar da wani, babu takarda, babu suna. Mutum ya ɗauki hoton kaza a waya, a ce masa ya sayi kaza da kaza. Na san ransa zai ɓaci. Amma na fi jin tsoron abin da zai ce game da ni, domin shekara goma sha ɗaya ina fakewa da umarninsa, kuma ban tabbata ko biyayya nake yi ko tsoro ba. Na tambayi malamai biyu ba tare da na kama suna ba. Ɗaya ya ce amanar mamaci a riƙe ta. Ɗaya ya ce haƙƙin mai rai ya fi ƙarfi. Na dawo gida da damuwar da ta fi wadda na fita da ita.

'Yarsa Rukayya ce ta raba gardamar ba tare da ta sani ba. Ta yi karatun lafiyar dabbobi, aure ya kai ta Bakura, ta buɗe ɗan shago a ƙofar gida. Watan jiya na kai mata kaya na tarar da ita zaune, shago fes, babu kowa. Ta ce, "Baffa, mata na zuwa har bakin ƙofa, da sun ji ɗiyar wa ce sai su juya. Wai gidanmu ne ka kashe kaji. Da gaske Baba ya yi wanga kuskure?" Na ce rana ta yi, zan koma. Ban san yadda na iso Mafara ba.

Makon da ya wuce na koma Bakura, na yi sallama a zauren Hajiya Luba. Ta tsufa, sai an riƙo ta. Na faɗa mata komai, har kalmomin da na furta. Na yi zaton za ta ce ta yafe ko ta zage ni. Sai ta ce ita ma ta tuna an ce ta jira mako, kuma ta ji daɗi da na ce ba komai, domin abin da take so ta ji ke nan. Ta ce, "Amma ba a zaurena aka ɓata shi ba, Lawali. A kasuwa ne. Can za ka kai."

Ranar Talata na tsaya a layin 'yan kaji na faɗi gaskiyar da ƙarfi. Wasu suka yi salati, wani ya ce in ba mutane wuri. Wannan rubutu kuma don waɗanda ba su zo kasuwa ba ne.

Na saɓa wa Yaya, kuma ban san ko zai yafe ba. Abin da na sani shi ne mutum ne da ya san aikinsa, bai yi kuskure a kan maganin nan ba, ya kuma ɗauki kunyar ƙanensa har kabari. Bai bar gida ba, bai bar gona ba, ya bar 'ya mai karanta takardar buhu kafin ta buɗe baki. Tun ranar kasuwa Rukayya ba ta ɗauki wayata ba, kuma tana da gaskiya. Mijinta ne ya gaya mini cewa Hajiya Luba ta aika a kira ta, jikanta na da kaji masu tari, ta ce babu mai taɓa su sai ɗiyar Malam Sani.

Allah ya haskaka makwancinka, Yaya. Ni kuma ka bar ni da Rukayya, zan yi ta zuwa ƙofarta har ta amsa.