Faifan da Muka Tsayar a Ƙofar Gida

Maigidana bai san ko kalma ɗaya ta yaren Tamil ba, amma shi ke fassara mini finafinansu. Lokacin muna ƙasar waje, yana digiri na uku a Lembah Pantai, ni kuwa ina ƙunshe a bene a unguwar Wangsa Maju, kewar Kano kamar ta kashe ni. Ranar Asabar sai ya yo mana tapau, wato ƙunshin shinkafa, daga wurin mamak masu sayar da abinci, ya sa faifai, ya rage sauti, ya shiga zuba zance irin na masu fassarar Kano. Jarumi na buɗe baki sai in ji, "Ke yarinya, gidanku akwai ɗumame?"

"Malam, ka ji tsoron Allah! Kuka fa yake yi."

"To, ai yunwa ce."

Wallahi har shaƙewa nake yi don dariya.

Na ƙarshen da ya sayo labarin wani yaro ne mai tsallakar da wata ɗaliba a kwalekwale kullum. Iyayenta suka koma birni, ta manta lemarta a wurinsa. Ya girma, ya bi sawunta. A lokacin Malam na fama da ciwon ƙoda, har ya ci ƙarfinsa. Daidai inda saurayin ya tsaya a ƙofar gidansu da lemar a hannu, numfashi ya gagari mai fassarata. Ya tsayar da faifan.

"Ta buɗe ko ba ta buɗe ba?"

"Ke dai akwai gaggawa. Sati mai zuwa."

Satin a asibiti ya same mu. Kullum sai na tambaye shi. Ba ƙofar ce ta dame ni ba, so nake dai ya ƙara ce mini sati mai zuwa. Tsoro nake ji, kuma ya sani.

A can aka binne shi. Na tattara kayana na dawo, na bar shi a ƙasar mutane.

Da aka kwana biyu na tarar da ƙanwata tana kallon wani fim a falo. An sake yin sa ne da yaren Telugu, an canja fuskoki, an yi masa fassarar gaske. Amma ga kwalekwalen, ga lemar. Saurayin na ɗaga hannu zai ƙwanƙwasa na miƙe.

"Haba Yaya, zauna mana, yanzu fa za a gani!"

Na ce mata ta kalli abinta, ni akwai wanda ya ce zai faɗa mini.