Sarƙar Zarton da Muka Yi Tarayya

Zarton mai lantarki na mu biyu ne, ni da taubashina, ɗan gwaggona. Shi yana Goronyo da lambun mangwaro da gwaiba a ƙasan dam, ni ina Wurno da gonar albasa wadda dogon yaro ya kewaye har inuwarsa ta fara cin kunyoyin shuka. Muka haɗa hannu muka saya. Kowa da ɗan janaretansa na gida, don haka zarton kaɗai ke tafiya tsakaninmu, cikin buhun taki, a hannun direban da ke bin hanyar ranar kasuwa.

Tun muna yara nake kiransa bawana, shi kuma ya ce bai ga ubangidan da ke aron takalmi ba. Zarton nan sai ya ba mu sabon abin yi wa juna tsiya.

Duk sa'ad da ya iso wurina, sarƙar a ɗaure take tamau. In sa safar hannu in ja ta bisa dogon ƙarfen da take zagayawa, ta ƙi motsi. In aka kunna sai kuka da ƙaurin ƙarfe. Sai in zare waya, in sassauta notin gefe da sifana, in juya ɗan sukurun da ke ja da sakin sarƙar, ina yi ina zagin bawan nan a zuci. Don haushi nakan sake ta fiye da kima. Shi kuwa in ta koma masa, sai ya kira ni a waya ya ce na aiko masa da sarƙa tana lilo kamar leɓen raƙumi, har ta taɓa zamewa yana tsakiyar reshe. Na ce masa hannunsa ne bai san daidai ba, komai sai ya shaƙe. Ya ce ni ne ragon da ko igiyar wando ba ya ɗaurewa.

Haka muka ci rani guda. Direban ma ya saba, in ya miƙo buhun sai ya isar da saƙon zagin da aka ba shi, ya ƙara nasa gishiri.

Da damina ta faɗi, iska ta karya babban reshen ɗurumin gidan gwaggo a Marnona, ya kwanta bisa danga ya tare ƙofar rumbu. Ta aika mu zo tare, na taho da janaretana. Ranar ce muka fara riƙe zarton nan wuri ɗaya.

Da safe na daidaita sarƙar a gabansa don ya koya. Na ɗaga kan ƙarfen sama, na juya sukurun har sarƙar ta kwanta luf a ƙasansa, na ɗan ja ta na saki, ta koma da kanta. Na ɗaure notin. Muka yi ta yanka, yana riƙe waya kada ta shiga ƙarƙashin itace, muna karɓar juna. Kafin azahar sarƙar ta yi zafi, ta soma saukowa. Ya kashe, ya zare waya, ya ɗaure ta. Na tsaya kansa ina jiran kuskure, ban samu ba. Yadda na yi da safe haka ya yi.

Muka yi salla, gwaggo ta kawo tuwon gero da miyar kuka, muka kishingiɗa a zaure. Da muka koma na kama sarƙar in gwada, ta ƙi motsi.

"To, ga halinka," na ce. "Yaushe ka dawo ka shaƙe ta?"

"Ni da mi? Tare munka tashi, tare munka ci tuwo. Ko aljanina ka tuhuma?"

Muka tsuguna muna kallonta. Ya taɓa ƙarfen, ya ji ya yi sanyi. A nan abin ya faɗo mana kusan lokaci ɗaya: in ta yi zafi tana miƙewa, in ta huce ta tsuke. Shi yana ɗaure ta da zafinta in ya gama aiki ya sa a buhu, ta iso mini a sandare. Ni kuma in huce haushina a kan sukuru. Dariya ta kama shi har ya zauna cikin garin itace.

Gwaggo ta leƙo ta tambayi abin da ya faru. Muka yi mata bayani, kowa yana katse ɗan'uwansa. Ta saurara har ƙarshe, ta ce ita dai ba ta gane ba, amma tunda mun shirya, akwai busasshen gawo bayan gida da ta daɗe tana son a faskara.

Muka sassauta sarƙar, muka ƙara mai, muka nufi gawon. Ba mu bar Marnona ba sai da muka tara mata itacen da ya kai ta kaka, ta cika mana buhu da wake, ta raka mu har bakin hanya tana faɗa wa maƙwabta 'ya'yanta sun zo da inji.