Ranar da na sa wa jirgi sitaci

Shekarun baya, ina gama sakandare ke nan, mahaifina yana tuƙi a gidan wani dattijo Balarabe a unguwar Abhur ta bakin teku. Dattijon shi ne kafilinsa, wato mai tsaya masa kan zama a ƙasar, kuma tsohon sojan ruwa ne. Tun da ya ajiye aiki ba shi da abin yi sai haɗa ƙananan jiragen sama masu tashi da rimot. Wanda ya fi ji da shi kwaikwayon jirgin zamanin da ne, mai fukafukai hawa biyu, a ƙasansa kuma maimakon taya 'yan kwale-kwale ne guda biyu, don a kan ruwa yake tashi ya sauka. Ya ce da irinsa aka fara koya wa sojan ruwa tuƙin jirgin sama, fukafukan kuma katako ne aka lulluɓe da yadi.

Yadin nan shi ya jawo ni ciki. Baba ya je ya cika baki wai 'yarsa ta iya ɗinki, sai ga shi ya dawo mana unguwarmu Mahjar da fukafukan, da farin yadi, da gwangwanin wani fenti. Wai in ɗinke yadin a jikin katakon, in shafa fentin sau biyar, kowace shafa sai ta bushe. Ya ja min kunne cewa a watan za a sabunta masa iƙama, wato takardar izinin zama, kada in jawo masa.

Ɗinki kam na yi shi tsaf. Amma ina buɗe gwangwanin, wari ya cika gida, mahaifiyata ta ce ko ni ko shi, ɗaya ya bar mata ɗaki. Ni kuma dama shafa biyar ɗin nan ta tsaya min a rai. Na ce ba so ake yadi ya yi tauri ba? Na dama sitaci mai kauri irin na shadda, na shafe, na shanya. Kafin la'asar ya ɗame kamar fatar kalangu. Har yaba kaina na yi.

Ranar Juma'a muka je bakin ruwa. Dattijo ya ƙwanƙwasa fiffike, ya ce mashallah, yalla, a tashe shi. Jirgi ya sheƙa a kan ruwa yana feshi, ya ɗaga kamar tsayin mutum, sai yadin ya jiƙe ya saki, ya dawo ya soka hanci. Baba ya faɗa ruwa da kayan Juma'arsa ya ɗauko shi. Da ya juyo na ga tsoro ƙarara a fuskarsa.

Ban jira a tambaya ba. Na ce wa dattijon, "Ya ammi, sitaci na sa. Baba bai sani ba."

Dattijon ya murza yadin, yatsunsa suka manne. Ya daɗe yana kallonsu. Sai dariya ta ƙwace masa, har sai da ya nemi wurin zama.

"Ya binti, jirgin koyo ne," in ji shi. "Ba ke kika fara tsoma shi a ruwa ba. Halas, ya wuce."

Hukuncina shi ne in sake aikin a tsakar gidansa, shafa biyar cif, yana zaune a kujera yana kallona. A makon ya sabunta wa Baba iƙama.

Gaggawa dai ban daina ba, kada in yi muku ƙarya. Amma in aiki da sunan wani aka karɓo shi, sai na tambaya kafin in yi wayo. Ba na son in sake ganin Baba tsaye cikin ruwa da wannan fuskar.