Uwaisu Ya Tafi Bai Ɗauki Gwaggo Hure Ba

Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Ranar Laraba, 14 ga Agusta, 2024, aka bugo mini waya cewa Allah ya yi wa Malam Uwaisu Iliyasu rasuwa, bayan wani zazzaɓi da duk muka raina. Da la'asar muka kai shi makwancinsa a ƙauyensu, kusa da Tsanyawa.

Uwaisu, tun muna makaranta a Dawakin Tofa nake tsokanar ka da cewa ka fi son hira da tsofaffi a kan 'yan mata. Ka girma ka sayi kyamara, ka gaskata ni. Abokan sana'arka suna birni suna ɗaukar bukukuwa, kai kana ratsa gonaki a babur kana neman waɗanda suka ga yunwar shekarun fari, su faɗa maka abin da suka ci suka rayu. In ka zauna tace hoto, ba ka yanke shirun dattijo. Ka ce mini a nan yake tuna 'ya'yan da ya binne. Ba ka kai aiki ko'ina sai ka haska wa masu shi a bangon firamare sun amince.

To, tsofaffi kake ɗauka, su kuwa kwanansu ya matso. Da wasu suka rasu a jere, sai magana ta bazu wai kyamararka ajali take kira. Aka riƙa rufe maka ƙofa. Gwaggona Hure tana cikin masu tsoron, alhali a ƙauyenmu ita kaɗai ta rage da ta san yadda ake cire wa rogon daji dafi a ci. Shekara da shekaru kana zuwa gaishe ta da goro, kyamara na cikin jaka, ba ka taɓa fito da ita ba.

Bana, da ta ga mata sun fara shiga daji neman abin dafawa, ita da kanta ta aika a kira ka. Ta ce, "Ɗan nan, zo ka ɗauka. In tafiyar ce na tafi, kada jikokina su ci abin da zai kashe su." Lokacin zazzaɓin ya kama ka, ka ce sai ka ji sauƙi.

Tsoro nake ji, Uwaisu, wallahi tsoro nake ji. Rumbuna sun ƙare, gero bai nuna ba. Makon jiya aka kai yaran maƙwabcinmu asibiti, sun ci abin da uwarsu ta tono. Gwaggo kuma ta fara rikita sunayenmu. Na zauna gabanta da wayata, ta fara bayani, ta ɓace a tsakiya, ta ce, "Kai ba ka iya tambaya ba. Bari Uwaisu ya zo." Har yau babu wanda ya iya faɗa mata.

Ina miƙa ta'aziyya ga mai ɗakinka Sauda, da 'ya'yanka, da mahaifiyarka. Allah ya jiƙan ka, ya yafe kurakuranka, ya haskaka kabarinka. Mu kuma Allah ya kai mu kaka lafiya, ya bar wa Gwaggo hankalinta har mu sami mai iya tambayarta.